Kujerar da Aka Ara Kwana Biyu

Idan aka tambayi Inna aikin da babban ɗanta yake yi, ba ta wahalar da bakinta. Cewa take yi, "Furodusa ne. In kin nemi butarki kin rasa, ki kunna talabijin ranar Asabar da yamma, za ki gan ta." Baƙi su yi ta dariya, a zatonsu barkwanci ne. Mu 'yan gida ba ma dariya, don mun san butar da take nufi, mai murfin nan da aka ɗaure da waya.

Ni ce ƙanwarsa, ni nake bi masa, kuma ni aka ce na fi kowa baki a gidanmu. To tunda an riga an faɗa, bari in more shi. Yayana ya shekara ashirin da huɗu a harkar fim da shirye-shiryen talabijin. A wajen aiki Furodusa suke ce masa, har da ɗan rusunawa. A gida kuwa sunansa Kar-a-taɓa, kuma Inna da kanta ta laƙaba masa.

Ba da furodusa ya fara ba. Shi tun farko bai taɓa sha'awar a ga fuskarsa ba. Sau ɗaya aka tsayar da shi gaban kyamara don ya ce "Sannu da zuwa" kawai, sai da aka ɗauka sau goma sha huɗu, daga ƙarshe aka ba direban motar kaya ya faɗa. Aikin da ya dace da shi shi ne riƙe littafi. Su 'yan fim ba sa ɗaukar labari a jere. Yau za a ɗauki mutum yana buɗe ƙofa, sai bayan sati uku a ɗauki shigowarsa ɗakin. Dole a samu wani ya rubuta da wane hannu ya riƙe jaka, maɓallin rigarsa nawa ne a buɗe, shayin da ke kofi ya kai ina, don kada mai kallo ya ga mutum ya taɓa ƙofa da hula ya shigo babu. Kwantiniti suke ce wa wannan, kuma Yaya ya riƙe shi kamar don shi aka halicce shi. An ba ni labari, bai kuma musa ba, cewa wani jarumi ya taɓa aske gashin bakinsa ana tsakiyar aiki. Yaya ya tafi har shagon askin, ya tsugunna ya tsince gashin a ƙasa, ya zo aka manna wa mutumin da gam. Mai askin ya rantse rabin gashin na wani ne daban.

Daga nan ya yi ta hawa. Ya zama mai nemo gidan da za a yi ɗauka, mai lallashin mai gidan in an fasa masa gilashi, mai tashin jaruma daga barci, mai roƙon maƙwabta su kashe injin niƙa na minti goma. Da ya ga duk wahalar shi yake shan ta, sai ya ce gara ya sha ta da suna, ya zama furodusa. Na taɓa tambayarsa bambancinsa da darakta. Ya ce darakta shi ne mai cewa yana son farin doki a tsakiyar falo, furodusa kuma shi ne mai zuwa ya ba matar gidan haƙuri.

Ya yi fina-finai goma sha ɗaya. Uku sun yi kasuwa, biyu kuwa ko matarsa ba ta kai ƙarshensu ba. Ya yi tallan sabulu, ya yi tallan katifa, ya yi wani shiri kan wanke hannu wanda har yau yaran gidan suke rera waƙarsa in suna son tsokanarsa. Sau ɗaya aka karrama shi da wani kofi mai walƙiya. Kwana ɗaya kofin ya yi a gidansa, washegari ya shiga fim a matsayin wanda wani ɗan ƙwallo ya ciwo, kuma can ya ƙare.

Amma littafin nan bai taɓa barinsa ba, kuma mu muka ɗanɗana. Fim ɗinsa na farko da labulen Inna aka yi shi. Ya zo da safe, ya durƙusa, ya ce aron kwana biyu kacal. Labulen ya kwana tamanin. Dalili kuwa, a wajensa duk abin da kyamara ta gani sau ɗaya ya zama ɗan cikin labari, ba ya fita sai labari ya sallame shi. Kar a taɓa, kar a wanke, kar a matsar. Matarsa, da muke kira Anti, baiwar Allah mai haƙuri, ta taɓa yin wata biyu tana girki da tukunya ɗaya don sauran suna wajen aiki.

Da gidan talabijin ya ba shi shirin mako-mako, wanda ake nunawa ranar Asabar, labarin wani gida mai yawan rigima, sai abin ya zama sana'a. In Inna ta tsaya kai da fata sai an dawo mata da abinta, Yaya ba ya musu. Zuwa yake yi ya zauna da marubuci su nemo wa abin hanyar fita. Agogon bangonmu ɓarayi ne suka shiga gidan cikin shirin suka ɗauke shi, washegari ya dawo mana. Butar Inna ɓarayi. Fankar Anti ɓarayi. Sau tara ɓarayi suna shiga gidan nan, har masu kallo suka fara kiran gidan talabijin suna cewa a taimaka a sa wa bayin Allahn nan ƙofar ƙarfe. Ni da na tashi tafiya kwas na nemi akwatina, ɓarayin sun yi yawa a watan, sai ya sa aka tura 'yar gidan karatu wata ƙasa da akwatin a hannunta. Yarinyar da take fitowa a matsayin ba ta sake samun aiki a shirin ba. Har yau in mun haɗu a kasuwa kawar da kai take yi.

Gaskiya ɗaya zan faɗa a kansa: in ya dawo da abu, ya dawo da shi ke nan. Kafin ya ɗauki ko cokali sai ya ɗauki hoton wurin, a wanko hoton, ya manna a littafinsa. Ranar mayarwa da hoton yake zuwa. Agogon nan a ƙusarsa ya rataye shi, ya ɗan karkata shi hagu yadda ya same shi, sannan ya juya hannayensa ya mayar da su tara saura kwata, lokacin da yake cikin hoton, alhali ƙarfe uku na rana ta wuce. Inna ta ce masa, "Kai, lokacin ma aronsa ka yi?" Bai gane abin dariyar ba.

Duk wannan mun jure. Abin da ban jure ba, kuma shi ya sa nake wannan dogon bayani, kujerar Baba ce.

Baba tela ne. Shekara arba'in ya yi a sunkuye kan keken ɗinki, har bayansa ya lanƙwashe ya ƙi komawa. Da ya ajiye aiki, amininsa kafinta ya zo da kansa, ya karɓi tef ɗin awon Baba, ya auna shi kamar mai shirin ɗinka masa riga: faɗin kafaɗa, inda ƙashin baya ya karkata, ƙugu zuwa gwiwa, gwiwa zuwa ƙasa. Ya yi masa kujera ta baƙin katako, ba kushin ba ado. In wani ya zauna a kanta minti biyar sai ya tashi yana dafe ƙugu. Baba kuwa a kanta kaɗai bayansa yake yin shiru. Wurinta jikin taga a falo, rediyo a dama, kuma ko jikoki sun san ba a hawa.

Ranar da aka fara ɗaukar shirin Asabar, kujerar da suka tanadar wa uban gidan ta karye. Mutumin da yake fitowa a uban ƙato ne, Allah ya yi masa jiki, mu Baban Talabijin muke ce masa. Yana zama kujera ta ce ba da ita ba. Yaya ya faɗo gida a guje, ya zube gaban Baba.

"Baba, kwana biyu kacal."

Baba ya dube shi ta saman tabarau. "Yau Talata."

"Eh, Baba."

"Alhamis ke nan."

"Alhamis da yamma tana nan, in Allah ya yarda."

Baba ya ƙi tashi sai da aka ɗauki hoton da shi a kai, ya ce a sa shi a ciki ya zama shaida. Haka hoton ya fito: taga, rediyo, kujera, ga Baba ya cika ta fam, ya sha mur, cikin shuɗiyar rigarsa mai aljihu uku da ya ɗinka wa kansa.

Shirin ya karɓu yadda ko Yaya bai zata ba. Abin da ya fi karɓuwa kuma shi ne Baban Talabijin a kan kujerar nan, ya haɗe rai, yana yanke wa 'ya'yansa hukunci a gajarce. Jaridu suka yi ta yabon wannan ɗaure fuska, wai dattako ne. Mu mun san ciwon baya ne, so yake a gama ya tashi. Aka sa kujerar a farkon shiri, ita kaɗai, kiɗa yana tashi. Aka sa ta a allon talla a bakin titi. Ɓarawon da zai sace wannan kujera ai sai ya haɗa da shirin gaba ɗaya.

Shekara shida. Ba kuskure na yi ba, shida.

Yaya bai zauna haka ba, in ba shi haƙƙinsa. Ya kawo kujerar kushin mai laushi, Baba ya nutse a ciki sai da muka ciro shi mu biyu. Ya kawo mai juyawa irin ta ofis, jikoki suka gaje ta. Ya kai wa wani kafinta hoton, don aminin Baba ya riga ya rasu, aka yi mai kama da ita sak. Baba ya zauna, ya tashi. Ya ce, "Wannan ba ta san ni ba." Ya ja benci ya jingina da bango kusa da tagar, ya sa filo a baya. Gurbin kujerar ya bar shi fili, da sawun ƙafafunta huɗu a siminti, Inna tana shara tana zagaye su.

Duk Asabar ƙarfe biyar yana gaban talabijin. Wai ba shirin yake kallo ba, lafiyar kujerarsa yake dubawa. "Ji shi! Ji yadda yake tsayar da ita a ƙafafun baya! Kai, sauke ta, ba ta ubanka ba ce!" In Baban Talabijin ya buga hannun kujerar don fushi, Baba sai ya runtse ido.

Yaya kuma duk sati yana zuwa gaisuwa, ba ya fashi. Zai shigo waya a kunne, wata a hannu tana ƙara, ya durƙusa daga bakin ƙofa.

"Baba, an wuni lafiya?"

"Lafiya lau. Alhamis ta yi?"

"Saura kaɗan, Baba. Ai a cikin labarin ko wata biyu ba a yi ba."

Kuma wallahi da gaske yake. A cikin shirin, surukar gidan ta ɗauki ciki a shekarar farko, har lokacin ba ta haihu ba, filo ɗaya ake ta ɗaura mata. Ita matar da take fitowa a surukar ta haifi 'ya'ya biyu nata na gaske a tsakani, babban har ya shiga makaranta. Baban Talabijin kullum ana rina masa gemu don ya tsaya yadda yake ranar farko. Yayana a can yake rayuwa, a can yake duba kwanan wata. A minti biyar ɗin da yake yi a falonmu zai ce, "Inna, an canja ledar tebur," ko "Wa ya matsar da kalanda?" Ba abin da yake wuce idonsa in dai ba ya numfashi.

A shekara ta shidan Baba ya kwanta. Ƙirji ne. Da aka sallamo shi daga asibiti likita ya ja ni gefe, da yake ni nake jinya, ya ce kwanciyar nan ita za ta cinye shi. Dole ya riƙa zama a miƙe awa uku ko huɗu kullum, in ba haka ba ruwa zai sake taruwa. Muka gwada benci, minti goma ya fara nishi. Muka gwada kushin, muka gwada mai kama da ita, muka tara filo biyar a gado. Baba ba ya ƙorafi, sai dai ka ga gumi yana tsattsafo masa a goshi, ya ce a hankali, "Ku kwantar da ni." Tsoro ya kama ni sosai, irin wanda ban taɓa ji ba.

Na kira Yaya. Ya yi salati, ya ce zai turo wani filo na musamman daga wani shago. Na ce kujera nake magana. Ina jin ana ihu a bayansa ana neman mai fitila.

"Saura fitowa goma sha ɗaya mu rufe zangon nan," in ji shi. "Ki ba shi haƙuri, sati uku kacal."

Kacal ɗin nan ita ta ƙona min rai. Na ajiye waya, na ɗauki mayafi, na tari motar kaya a bakin titi tun kafin in san abin da zan faɗa.

Gidan da suke ɗauka na haya ne, a ƙarshen wani layi. Wayoyin wuta sun cika tsakar gida, sai kana ɗaga ƙafa. An rufe tagogi da baƙin yadi, an kunna fitilu masu zafi da rana tsaka. Na ga tiren Inna, na ga madubin Anti, na ga wani bargo da na shekara uku ina zargin mai wanki a kansa. Wani ya tare ni yana raɗa, wai in yi shiru ana ɗauka. Ko kallonsa ban yi ba.

Ga Baban Talabijin a kan kujerar, ya ɗaga yatsa yana tsakiyar yi wa ɗansa faɗa. Na ratsa ta gaban kyamara na tsaya a kansa. Darakta ya yi ihu ya dafe kai. Yaya ya taso daga bayan wani ƙaramin allo, fuskarsa kamar ya ga gobara.

"Ke! Kin san abin da kika ɓata?"

"Kujerar Baba na zo ɗauka."

Ya ja ni gefe yana magana ƙasa-ƙasa, da yake ya san muryata. Ya buɗe littafi yana nuna min. An ɗauki rabin wannan faɗan tun makon jiya, da kujerar. An ɗauki ƙarshen zango tun wancan watan, da kujerar. In ta fita yau, aikin sati uku ya tashi a banza, mutum talatin sun sha wahalar wofi. Duk gaskiya ne, ban ce ƙarya yake yi ba. Na bar shi ya gama.

"Yaya, yaushe rabonka da Baba?"

"Shekaranjiya na je na gaishe shi, kina wurin."

"Wace riga ce a jikinsa?"

Ya ɗan yi murmushi, don an zo fagensa. "Shuɗiyar nan mai aljihu uku."

"Shekara biyu ke nan rabon Baba da rigar nan. Ta yi masa yawa, Inna ta ninke ta a akwati."

 Ya ce ba zai yiwu ba, shi da idonsa. Ban tsaya sauraronsa ba, na juya wajen Baban Talabijin na ce, "Baba, don Allah ɗan tashi." Bawan Allah ashe bai ma san kujerar tana da mai ita ba, ya zaci daga kasuwar tsofaffin kaya aka sayo ta don a azabtar da shi. Da na gaya masa mai ita yana gida ba ya iya zama, ya miƙe da saurin da ban zaci jikin nan yana da shi ba. Ya ce, "Innalillahi! Shekara shida ina zagin wanda ya ƙera ta, ashe ba ni aka auna ba." Shi da kansa ya ɗora ta a ka, da rinannen gemunsa da kayan fim a jiki, ya kai ta mota.

Direba ya tayar da mota sai ga Yaya a guje, littafi a hammata. Na zaci hana ni zai yi, na gyara tsayuwa. Sai ya haye bayan motar ya riƙe kujerar.

"Ba ki san inda ake ajiye ta ba," ya ce. "Za ki sa ta a karkace."

Kun ji fa. Ba tausayi ne ya hau da shi motar nan ba, tsoron karkata ne. Haka muka isa gida.

A falo ya buɗe shafin, ya ciro hoton. Ya ɗora ƙafafun kujerar a kan sawunsu huɗu. Ya auna tsakaninta da taga da tafin hannu. Ya ce rediyon ya matso da yawa, ya mayar. Ya sa Inna ta ɗage labule zuwa inda yake a hoto, tana yi tana harararsa. Ya ja da baya zuwa bakin ƙofa, daidai inda ya tsaya shekara shida da suka wuce, ya rufe ido ɗaya. Sannan ya ce, da muryarsa ta wajen aiki, "To, a shigo da Baba."

Ni da Inna muka riƙo shi, taku ɗaya-ɗaya. Muka kawo shi gaban kujerar. Ya shafa hannunta na dama, inda tafinsa ya cinye katakon ya yi sulɓi, muka zaunar da shi. Ya jingina. Na ji ya saki wani dogon numfashi da rabona da jin irinsa tun kafin asibiti.

Yaya ya ɗaga hoton daidai fuskarsa ya fara abin da ya saba, ido a hoto, ido a ɗaki. Taga daidai. Rediyo daidai. Labule daidai. Ya zo kan Baba ya tsaya.

A hoton, kafaɗun Baba sun rufe bayan kujerar har sun ɗan fito. Yanzu ana ganin katako ta dama da ta hagu, wurin da filo zai shiga kowane gefe. A hoton, kansa ya kai wani tabo da hularsa ta yi a saman katakon. Yanzu tabon yana sama da shi da kusan tafin hannu. Agogon da ya kama masa hannu tam a hoton ya zame har kusan gwiwar hannu.

Yaya ya duba hoto, ya duba Baba, ya sake duba hoto. Sai bakinsa ya yi abin da ya saba yi shekara ashirin da huɗu, ba tare da ya nemi izininsa ba.

"Baba, ɗan ɗago kaɗan. Buɗe kafaɗa."

Na yunƙura zan wanke shi tas, sai na ga Baba yana gwadawa. Wallahi gwadawa ya yi. Ya dafa hannayen kujerar, ya cije, ya ɗago ƙirji iya ƙarfinsa, wuyansa yana rawa. Ko kusa da tabon bai kai ba. Ya koma ya jingina yana haki.

"Iyakarta ke nan, Furodusa," ya ce. "Sauran ya tafi."

Littafin ya zame daga hammatar Yaya, hotuna suka watse a siminti: labulen Inna, buta, akwatina, fanka. Bai tsince ba, mutumin da ya tsinci gashin baki a shagon aski. Ya zauna a ƙasa daga inda yake, ya rufe fuska da hoton, kafaɗunsa suna girgiza. Ban taɓa ganin Yaya yana kuka ba, ko ranar da fim ɗinsa na biyu ya goge gaba ɗaya daga na'ura. Na zo da faɗa cike da bakina, na rasa inda zan sa shi. Wayarsa ta yi ta ƙara a aljihu har ta gaji.

Baba ya bar shi ya yi mai isarsa. Can ya juya wajen Inna.

"Yau wace rana?"

"Talata."

"To ai ya ma yi sauri. Saura kwana biyu."

Inna ta yi dariya tana share ido da bayan hannu. Yaya ya matso da gwiwa har gaban kujerar, ya ce Baba ya yafe masa. Baba ya ce wannan an wuce wurin, shi abin da ya dame shi daban ne: wancan ƙaton a kan me zai zauna ranar Asabar?

"Za mu san yadda za mu yi, Baba. Ko ɓarayi..."

"Kul! Sau tara suna shiga gidan nan, na ƙirga. Mutane ba wawaye ba ne." Ya ɗan huta, ya tattaro numfashi. "Ka sa babban ɗansa ya zo ya durƙusa, ya ce a ara masa ita kwana biyu. Shi ke nan ta fita, ba mai sake ganinta."

Haka kuwa aka yi. Yaya ya zubar da aikin sati uku, ya tara mutanensa talatin ya ba su haƙuri ɗaya bayan ɗaya, aka sake ɗauka. Baban Talabijin ya koma benci, fuskarsa ta saki, har masu kallo suka fara ƙorafin ya cika fara'a. A zangon ne surukar gidan ta haihu, aka kuma daina rina gemu.

Baba ya samu wata biyar a kan kujerarsa kafin Allah ya yi masa rasuwa. Likita ya ce bai zaci zai kai haka ba. Ni kuwa har yau in na tuna an ci masa shekara shida a kan benci raina ɓaci yake yi, kuma na gaya wa Yaya ban gama hucewa ba, kada ya zaci na gama. Bai yi gardama ba. A watannin nan biyar kullum da yamma yana zuwa, ya bar wayoyinsa biyu a mota, ya ja bencin nan ya zauna. Ba wata doguwar hira suke yi ba. Wani lokaci sai ya ce, "Baba, yau ka fi jiya cin abinci," ko "Ƙafar nan ta ɗan kumbura, shekaranjiya ba haka take ba," kuma kullum daidai yake faɗa. Sau biyu shi ya fara ganin abin da ya sa muka koma asibiti da wuri.

Ranar Asabar ɗin da aka nuna fitar kujerar muna falo gaba ɗaya, har Anti da yara. Ɗan cikin shirin ya shigo a guje ya zube gaban Baban Talabijin, ya ce kwana biyu kacal. Baban Talabijin ya dube shi ta saman tabarau ya ce, "Alhamis ke nan." Baba ya yi dariya har tari ya sarƙe shi, na tashi na ba shi ruwa. Da ya lafa ya waiga, ya ga Yaya ko kallon talabijin ɗin ba ya yi, shi ya zuba wa ido.

"Kai, ga aikinka can ana nunawa. Me kake kallo a nan?"

"Wancan na riga na gani, Baba," in ji Yaya, bai ɗauke ido ba.